Rumbun Babana a Cikin Tele

Ban taɓa ganin cikin rumbun babana ba sai a tele, wato talabijin. Lokacin ina dako a Magariya, shekarata ta biyu da barin gida.

A wajenmu, can bayan Dungas ta hanyar Dogo-Dogo, ba a leƙa rumbun mutum. Mace ba ta leƙa na mijinta, ɗa ba ya leƙa na ubansa. Maigida kaɗai ke jingina tsani, ya ture jinka gefe, ya shiga ciki, ya miƙo damin da za a sussuka, ya fito ya rufe. Abin da ya rage a ciki, shi da Allah. Ranar da ka ga ɗa ya hau tsanin nan, uban yana kabari.

Babana manomi ne. Ba shi da wata sana'a, ba ya son wata. Rumbunsa uku: ƙanana biyu da ake ci daga kaka zuwa bazara, da babba guda a gindin aduwa. Mutane na cewa akwai hatsin shekara uku a cikin babban. Shi bai taɓa faɗa ba. Bai kuma taɓa musawa ba. Gefen rumbun akwai runfarsa ta itacen ƙirya, inda yake zama yana tufka igiya in ba aikin gona. Tun da na yi wayo runfar nan tana wurin.

Ni ne ɗan fari, saboda haka ba a sake mini fuska a gida. Inna ba ta kiran sunana, ba ta duban idona. In ta kawo tuwo sai ta ajiye ta ce da bango, "Ga shi nan in akwai mai ci." A bakin Baba kuwa sunana "kai". Ba ƙiyayya ba ce, kunya ce, haka ake yi da ɗan fari. Amma ɗan farin ba kullum yake bambancewa ba. Ƙannena biyu mata ne, sun yi aure, babbar tana Ɗanciyau.

Shekarar da damina ta fara yi mana rowa, bayan an gama girbi, na ce zan tafi cin rani. Yana ƙarƙashin runfa, igiya a yatsan ƙafarsa.

Ya ce, "Ina?"

Na ce, "Magariya."

"Me aka shuka can?"

"Ba a shuka, Baba. Aiki ake yi a biya ka."

"A ɗora maka kaya kamar jaki a biya ka."

Ya ci gaba da tufka. Can ya ce, "Tafi. Baki ne ya ragu a gidan nan, ba hannu ba."

Maganar nan na ɗauka na tafi da ita. Ban ɗauki komai ba bayanta sai tabarma. Damina ta zo, 'yan cin rani suka koma gida, ni ban koma ba.

Aikina a Magariya wurin wani Alhaji ne mai cinikin hatsi da gyaɗa, mangazarsa, wato sitonsa, tana bakin kasuwa. Rabin danginsa a Kano suke, motarsa tana tsallaka iyaka tana dawowa. Mu 'yan dako shida ne. Babbanmu wani dattijo ne mutumin Bande, wuyansa kamar turmi, bakinsa ba ya hutawa. Shi ya koya mini yadda ake karɓar buhu da gwiwa ba da baya ba. Shi kuma ya sa mini suna "ɗan gabas", don ya ce mutanen wajenmu ko gaisuwa sai sun auna kafin su ba ka.

Damina ta biyu ta fi ta farko muni. Ruwa ya ɗauke hatsi yana bununi. Da rani ya shiga sai ga mutanen karkara suna shigowa Magariya da ƙullin kaya, mata suna bin bayan mota suna tsintar abin da ya zube daga buhu. Ina ganinsu ina tuna gida. Na ce wa Alhaji ya riƙa ba ni ladana da hatsi. Da ya kai buhu guda na ɗinke bakinsa da kaina, na ɗaura jan tsumma a kunnensa don kar a haɗa shi da na sayarwa, na jingina shi can ƙurya. Niyyata kafin ruwan fari in sa shi a motar da ke zuwa kasuwar Dungas, daga can in nemi jaki. In kai, in ajiye a ƙofar gida, in ɗauki hauya in bi shi gona. Ba sai an yi magana ba.

Kwana goma ya rage in tafi.

A lokacin nan aka kawo tele unguwarmu. Akwatin ƙarfe ne a kan ginshiƙi a dandalin samari, mai kula da shi yana da makulli a wuya. Da an sallame magariba yake buɗewa. Baƙi da fari ne, wani lokaci hoton ya yi ta gudu sama sai an buga gefensa. Labarai da Faransanci ba su dame mu ba. Abin da ke tara mu shi ne teyatur, wasan Hausa na mutanen Damagaram, sau ɗaya a mako. Ranar nan ko mai tsire yana dawo da tukubarsa kusa.

Wasan da ake yi lokacin na wani saurayi ne mai wushirya da ya sayar da hauyarsa ya tafi birni. Ya sayi tabarau da rediyo. Duk wanda ya gamu da shi sai ya cuce shi. Yana kwana a tasha, yana aika wa gida cewa ya zama babban mutum. Mu da muke kallo yawancinmu shi ne, amma mun fi kowa dariya. Mutumin Bande har tashi yake yi yana nuna akwatin, "Kai, wawa! Kar ka ba shi! Wallahi ɓarawo ne!" A ce masa, "Zauna, baba, ba ya jin ka." Ya ce, "Ai shi ya sa ya lalace."

Ranar da nake ba da labari, sai wasan ya bar birni ya koma ƙauyen su saurayin. Aka nuna hanya mai rairayi. Aka nuna rijiya. Sai na ga aduwa.

Aduwa duk aduwa ce. Amma wannan tana da reshe guda da ya karye ya warke a karkace, ni na karya shi da lilo. Sai ga darninmu. Sai ga turmin Inna mai tsagaggen baki. Wata mata ta gitta da tulu a ka, bayanta kawai aka gani, na san tafiyar. Tsakar gidan ta yi mini faɗi fiye da yadda na san ta, ban tsaya tunanin dalili ba.

Na miƙe tsaye ban sani ba. Na baya suka fara ihu, "Dogo, zauna!"

Mutumin Bande ya ja rigata. "Lafiya, ɗan gabas? Kunama?"

Na ce, "Gidanmu ne."

"Gidanku ina?"

"Can. Cikin abin."

Wanda ke wasan uban saurayin wani mai ƙiba ne ɗan birni, sun sa masa tsumma da malafa amma tumbin bai ɓoyu ba. Yana tsaye gindin babban rumbu. A kan tsani kuwa wani ne daban, siriri, baƙi, riga ba hannu. Babana ne. Ya ture jinka. Sai hoton ya hau sama, ya bi ta kafaɗarsa, ya leƙa.

Hatsi har baki. Zangarniya jere kan zangarniya, kai da kai, yadda yake jera su. Ko a baƙi da fari ana ganin ƙoshinsu.

Mutanen da ke wurin wasunsu rabonsu da tuwo tun jiya. Wata tsohuwa ta ce, "La ilaha illallahu."

Baba yana tsaye a kan tsanin, ya miƙa hannu ya ɗauko ƙaramin dami, ya miƙa wa mai tumbi. Mai tumbi ya ɗaga shi sama ya ce, "Ya zauna can birninsa! Wa ya rasa shi? Ku dubi abin da Allah ya ba mu ba da hannunsa ba!" Baba kuwa ba a ba shi magana a wasan ba. Sau ɗaya ya juyo ya dubi na'urar ɗaukar hoton. Ni ya duba. Haka na ɗauka.

Mutumin Bande ya dube ni, ya dubi akwatin. "Wannan siririn ubanka ne?"

Na ce, "Shi ne."

Ya miƙe ya ɗaga murya. "Jama'a, ku zo ku ga ikon Allah! Ɗan mai wannan rumbu ne ke ɗaukar buhun wani a ka! Ranka ya daɗe, ɗan sarkin noma, a gafarce mu, ba mu san da wa muke cin gyaɗa ba!"

Aka fashe da dariya. Wani ya ce, "Ina tabarau ɗinka?" Wani ya ce, "Ashe kai ake yi!" Na yi dariya ni ma, don ba yadda zan yi.

Da safe na shiga mangaza na kwance jan tsumman daga kunnen buhun. Alhaji yana zaune bakin ƙofa yana jan carbi, yana kallona.

Ya ce, "Me ya faru?"

Na ce, "A sa shi cikin na sayarwa. Motar Kano in za ta tashi zan bi ta."

"Gida fa?"

"Ba su buƙata. Na gani da idona."

Ya ajiye carbin. "Yaro, abin tele wasa ne. Wancan mai tumbin ma'aikaci ne a Damagaram, na san shi, bai taɓa riƙe hauya ba."

Na ce, "Shi wasa ne, Alhaji. Rumbun ba wasa ba ne. Na san rumbun, na san mai shi. Babana bai taɓa ƙarya ba."

Ya ce, "Ko da rumbu cike, ɗa yana kai wa ubansa buhu."

Na ce, "Ba irin wannan uban ba."

Ya ba ni kuɗin buhun. A Kano na sayi tabarau da rediyo, kamar wawan cikin teyatur. Na san haka ne. Da gangan na yi.

Kano ba ni da abin faɗa a kanta. Buhu ne a can ma, sai dai ya fi yawa. A can damina ta same ni. Hatsi ya fara kai lokacin da direban Alhaji ya same ni a bakin sito, ya cire hula, ya ce in yi haƙuri, Baba ya rasu. An yi kwana ashirin da binnewa kafin saƙon ya iso ni.

Na iso gida da la'asar, da ƙafa daga Dungas. Inna tana zaune gindin aduwa, ta rame har zanen yana zagaya ta sau biyu. Ba ta dube ni ba. Ta ce da ƙasa, "An zo?" Na ce, "An zo." Na nemi inda zan zauna daga rana, sai na ga ba runfa. Ramukan ginshiƙanta kawai.

Abin da ya faru, a hankali na tattara shi, rabi daga bakin maƙwabta, rabi daga bakin Inna tana magana da turmi.

Mutanen tele sun zo da farar mota bayan girbin da bai yi ba. Suna neman gidan ƙauye mai rumbu cike, don wasansu yana so ya nuna ƙauye ya fi birni. Maigari ya ce ai gida ɗaya ne, ya kawo su wurin Baba yana alfahari. Baba ya ce ba a buɗe rumbu gaban jama'a. Maigari ya ce baƙi ne na gwamnati, kuma sunan garinmu zai kai har Yamai, kar ya ba shi kunya. Baba ya ce su dawo jibi. Washegari ya rushe runfarsa, ya ce gara ta ci ta. Ƙirya kuwa gara ba ta cin ta, kowa ya sani, amma ba wanda ya tsaya tunani.

Asali mai tumbin ne zai hau tsanin. Ya taka mataki biyu ya ji yana rawa, ya ce shi yana da iyali. Shi ya sa aka bar Baba a sama.

Ranar da aka nuna wasan, rabin garinmu sun taka har Dungas don su gani, akwai tele a can. Suka gani. Daga nan mata suka fara zuwa da ƙwarya. Wadda mijinta ya tafi bai aiko ba, wadda ɗanta ke kwance. Mai rumbu cike ba ya cewa babu. Baba yana hawa yana miƙo musu zangarniya, biyar, goma.

Sannan taimako ya zo, motar hatsi har Dungas, aka ba kowane gari rabonsa. Maigari ya raba gida gida. Ya tsallake namu, kamar yadda kowa zai yi. Don girmamawa ma sai ya kira Baba ya zauna kusa da shi ya zama shaida, tunda shi ba ya da buƙata, ba zai yi son kai ba. Baba ya sa rigarsa ta sallar idi ya je ya zauna. Tun hantsi har azahar ana auna hatsi a gabansa.

Da ruwan fari ya sauka ya tura Inna Ɗanciyau, wurin ƙanwata mai ciki. Ya ce ta zauna har a yi arba'in. Ya rage shi kaɗai. Ya yi shuka, ya yi noman fari. A maimai aka same shi zaune a kunya, hauya a cinya, ya kasa tashi. Zazzaɓi ne, kwana uku. Zazzaɓin da mai abinci a ciki zai tashi daga shi.

Maƙwabcinmu ya ce mini, "Abin da ya ba mu mamaki, ranar kasuwar Dungas kullum sai ya fita bakin hanya da la'asar ya zauna har masu jakuna su gama wucewa. Mun tambaye shi, ya ce iska yake sha."



Har lokacin ba wanda ya buɗe rumbun. Ana jirana, don ɗa ne ke buɗewa gaban dattawa a raba gado. Kwana uku da isowata suka taru da hantsi: maigari, liman, ƙannen Baba biyu, da maƙwabta a tsaye bayan darni. Mata ma sun leƙo, cikinsu har da masu ƙwarya. Liman ya yi addu'a. Maigari ya ce, "Bismillah, magaji. Hau. Allah ya sa ka riƙe kamar yadda ya riƙe."

Na jingina tsanin. Wurin hannunsa ya yi santsi. Na hau, na ture jinka.

Zana na gani a shimfiɗe, kamu ɗaya ƙasa da baki. A kanta ƙaiƙayi, da kashin ɓera, da zangarniya ba ta fi cikin hannu biyu ba. Na ce a raina to hatsin yana ƙarƙashi, ya rufe ne don tsuntsu. Na ɗaga ƙafa na taka yadda na saba ganin yana yi.

Ƙafata ta fasa zanar ta wuce har cinya. Ba ta taɓa komai ba.

Na riƙe bakin rumbun, na yaye zanar. Itacen ƙirya ne a gicciye, guda bakwai, an ɗaure su da igiyar tufkarsa. Ƙarƙashinsu duhu. Da idona ya saba na hango gindin rumbun can ƙasa. An share shi tas.

A nan na tuna. Duk tsawon rayuwata in Baba ya hau tsanin nan shiga yake yi, ya ɓace har wuya ko har ƙirji, sannan ya miƙo dami. A tele bai shiga ba. Yana kan tsani ya miƙa hannu. Duk Magariya ba mai iya gane wannan sai ni. Ba runfa a tsakar gida, ba mai iya gane wannan ma sai ni. Na gani duka biyu. Ina can ina sauraron mai tumbi.

Daga ƙasa maigari ya ce, "Yaya, magaji? Dami nawa kake gani?"

Ni kaɗai ke sama. Ba mai gani sai ni. Da na so sai in ce alhamdu lillahi, in rufe, in ce a bar rabo sai bayan girbi, in cika shi a hankali da sabon hatsi. Da har yau ana cewa mutumin nan ya mutu ya bar hatsin shekara uku. Abin da ya saya da ransa ke nan. Na san haka a lokacin, ba daga baya na gane ba.

Na kwance igiyar. Na zaro itace na farko na jefa gabansu. Na zaro na biyu. Ɗaya bayan ɗaya har bakwai, kowanne sai ya daki ƙasa ya tayar da ƙura. Sannan na jefo zanar. Na tattara 'yar zangarniyar a gaban rigata na sauko na zube ta gaban liman.

Na ce, "Ga gadon. A raba."

Ƙanen Baba ya hau tsanin, abin da bai kamata ya yi ba, ya leƙa, ya sauko ya zauna a ƙasa. Maigari ya ja rawaninsa ya rufe fuska. Bayan darni wata mata ta fara kuka, irin kukan da ake toshe baki. Ɗaya bayan ɗaya suka zare jiki suka tafi.

Da gidan ya rage mu biyu, Inna ta zo ta tsaya kan itatuwan. Rannan ta dube ni a ido, karo na farko da na sani.

Ta ce, "Ka tona masa asiri."

Na ce, "Kin sani?"

Ta ce, "Tun bara. Rumbu cike ba ya amsa sawu. Wannan in ya shiga ina jin ƙafarsa daga madafa."

"Me ya hana ki aiko mini?"

"In ce wa ɗan aike me? In ce rumbun mijina fanko ne, ya bi kasuwa da shi?" Ta sunkuya ta ɗauki guntun igiyar, ta naɗe a hannu. "Shekara talatin ban leƙa ba. Na ji, na yi kamar ban ji ba. Kai ka zo rana ɗaya."

Ta koma Ɗanciyau bayan takaba. Ta yi shekara tara a can kafin ta rasu. Ina zuwa gaishe ta da dami a kan jaki kowace kaka. Tana karɓa, tana ce wa bango an gode. Ba ta sake duban idona ba, kuma ban san ko kunyar ɗan fari ce ta dawo ko wani abu ne.

Na zauna a gidan. Na yi noma. Rediyon na ba wani. Mutanen gari sun daɗe suna kauce mini a hanya, ba don ƙi ba. Wasu sun riƙa ajiye ƙwaryar hatsi a ƙofata ba sallama, matan nan ne ke mayarwa. Ban hana su ba.

Shekaru da yawa bayan haka na kai rago kasuwar Magariya, sai na ga wani dattijo da farar shadda yana taya awaki. Ya yi dariya na ga wushirya. Shi ne saurayin teyatur, mai tabarau da rediyo. Gashi ya yi fari. Na gaishe shi, na ce na taɓa ganin wasansu, wanda aka yi a wani gari bayan Dungas.

Fuskarsa ta washe. "Kai, malam, ka tuna mini! Gidan tsohon nan mai rumbu! Wallahi ban taɓa ganin hatsi irin wannan ba, a shekarar da kowa ke kuka. Mutum ne na kirki, ba ya magana. Ka san da za mu tafi sai da ya bi mu har mota da damin nan da ya sauko da shi? Ya ce baƙo ba ya barin gidansa hannu wofi. Mun ci tuwonsa a Damagaram."

Na ce, "Allah ya ji ƙansa."

"Ya rasu?"

"Ya rasu."

"Allahu akbar. Ka san shi ne?"

Na ce, "Garinmu ɗaya."

Na tambaye shi ko ana iya sake ganin wasan. Babana bai taɓa ɗaukar hoto ba, wannan ne kaɗai. Ya girgiza kai, ya ce kaset na wancan zamani ba ya jure zafi, shi kansa ya nema bai samu ba. Ya sayi ragona. Bai yi mugun tayi ba. Ban gaya masa ba. Ba laifinsa ba ne, an nuna musu rumbu sun ɗauka.

Yanzu tele ta shiga aljihun kowa. Jikokina suna kallon wasa a waya suna miƙo mini, ina cewa idona ba ya gani. Yana gani.

'Ya'yana maza uku ne. Ɗaya yana nan, ɗaya Damagaram, ɗaya can arewa wajen haƙar zinariya. Kowace shekara bayan girbi, da kuma kafin ruwan fari, duk wanda ke gida sai ya hau tsanina. Ba leƙawa kawai ba. Cikin itatuwan nan bakwai shida sun koma runfa. Na bakwai na fiƙe bakinsa, yana jingine jikin rumbu. Shi nake ba su su soka ta tsakiyar hatsin har ya daki gindi, su zaro su ga inda ya tsaya. Sannan su kira 'yan'uwansu a waya su faɗa, ina tsaye ina ji.

Tsofaffin gari sun ce na zubar da girman gida. Babban ɗana ma ba ya so, kunya yake ji, kullum sai ya ce, "Baba, mun yarda da kai." Ina ce masa ni ma na yarda da nawa.

Bana ya soka, itacen ya daki gindi da wuri. Ya sauko yana sunkuyar da kai kamar shi ya yi laifi. Na ce ya kira na Damagaram. Ya ce a bari tukuna, ƙila a samu wata dabara, kar a tayar masa da hankali.

Na ce, "Kira shi. Ka ce ba zai kai mu damina ba. Ka ce ya kawo buhu."